Sai ka yi aiki a ba ka: fashin baƙi kan tallafin TANF na Amurka

Mutane da yawa a ƙasashenmu sun ɗauka cewa a Amurka duk matar da ta haihu gwamnati na tura mata kuɗi kowane wata har yaro ya girma. Akwai lokacin da maganar ta yi kusa da gaskiya ga matalauta. Daga 1935, zamanin Shugaba Franklin Roosevelt, har zuwa 1996, akwai shirin da daga baya aka san shi da suna AFDC, wanda dokarsa ta ce duk iyalin da ya cika sharuɗɗan talauci haƙƙinsa ne a biya shi, kuma gwamnatin tarayya za ta riƙa ƙara wa jihohi kuɗi gwargwadon yawan mabuƙata. A 1994 iyalai kusan miliyan 5 ne ke karɓa, wato mutum wajen miliyan 14, mafi yawansu yara.

A ranar 22 ga Agusta 1996 Shugaba Bill Clinton ya sa hannu kan dokar da ta rushe wannan tsari, bayan ya ƙi sa hannu kan ƙudurori biyu da majalisar da 'yan Rifablikan ke rinjaye ta aiko masa tun farko. Abin da ya maye gurbinsa shi ne TANF, ma'ana tallafi na wucin gadi ga iyalai mabuƙata. Dokar ta cire maganar haƙƙi, ta ɗora sharaɗin aiki, ta yanka wa'adi, sannan ta sauya yadda kuɗin ke fita daga Washington zuwa jihohi. Wannan na ƙarshe shi ne wanda aka fi mantawa da shi, kuma shi ya fi kowanne tasiri.

Yadda kuɗin ke tafiya

Gwamnatin tarayya tana ware dala biliyan 16.5 a shekara, ta raba wa jihohi dunƙule guda. Adadin bai motsa ba tun 1996. Ba ya bin hauhawar farashi, ba ya bin yawan jama'a, ba ya bin yawan matalauta, don haka a yau darajarsa ta zube da kusan rabi. Rabon kowace jiha kuwa an gina shi ne kan abin da take kashewa a tsakiyar shekarun 1990, shi ya sa jihohin kudu da dama can suke biyan kaɗan suka dawwama da ƙaramin kaso. Ita ma jiha dole ta sa nata: kashi 80 cikin 100 na abin da ta kashe a 1994, ko kashi 75 idan ta cika ma'aunin aiki.

Dokar ta lissafa manufofi huɗu da za a iya kashe kuɗin a kansu. Taimaka wa iyalai mabuƙata don yara su tashi a gidajensu ko na dangi. Raba iyaye da dogaro da gwamnati ta hanyar aiki da aure. Rage haihuwa ba tare da aure ba. Da ƙarfafa gidajen da uwa da uba ke tare. Manufofi biyun ƙarshe suna da faɗin da kusan komai zai shige, kuma ba su ma tilasta a kashe kuɗin kan matalauta kawai ba. Sakamakon haka, a 'yan shekarun nan abin da ke isa hannun iyalai a matsayin tsabar kuɗi bai kai kashi ɗaya cikin huɗu na jimillar ba. Horo da shirye-shiryen neman aiki, waɗanda aka ce domin su aka yi dokar, suna samun wajen kashi ɗaya cikin goma. Sauran yana tafiya renon yara, hukumomin kare yara, makarantun share fage, rangwamen haraji, har da tallafin karatun jami'a a wasu jihohi ga 'ya'yan iyalan da ba matalauta ba. Jiha na iya tara abin da ba ta kashe ba; Tennessee ta taɓa tara sama da dala miliyan 700 tana ajiye.

A nan matsalar take. Duk dalar da jiha ba ta ba uwa matalauciya ba, tata ce ta toshe wani gibi a kasafinta. A tsohon tsari, idan jiha ta kori mai karɓa, kuɗin tarayya ne ke raguwa mata. A sabon tsari, korar riba ce.

Abin da ake nema daga mai karɓa

Kowace jiha tana da sunan shirinta da ƙa'idojinta: CalWORKs a Kalifoniya, W-2 a Wisconsin, MFIP a Minnesota. Amma matakan sun yi kama. Mai nema sai ta kasance tana da yaro ƙasa da shekara 18 a hannunta, ko kuma tana da juna biyu a jihohin da suka yarda da haka. Za ta cike fom, a yi mata ganawa, ta kawo takardun haihuwar yara, lambar inshorar jama'a ta kowa, shaidar haya, takardun albashi idan tana aiki, da bayanin asusun banki. Wasu jihohi suna da iyakar kadara mai tsauri, irin Texas inda ajiyar da ta haura dala 1,000 kan hana. Wasu, irin Ohio, sun soke wannan iyaka. A jihohi da dama, tun kafin a amince da buƙatarta za a ce ta halarci zaman wayar da kai ko ta kawo shaidar wuraren da ta nemi aiki. Zama ɗaya ya wuce ta, fom ya mutu, sai ta faro daga farko.

Sannan za ta sa hannu ta miƙa wa jiha haƙƙinta na kuɗin ciyarwa daga uban yaran, ta kuma taimaka a gano shi, a tabbatar shi ne uban. Idan aka ce ba ta ba da haɗin kai ba, doka ta ce a yanke aƙalla kashi 25 na tallafin, kuma jiha na iya yanke duka. Abin da uban ya biya kuwa, jiha da tarayya ne ke fara cire abin da suka kashe. Wata doka ta 2005 ta sauƙaƙa wa jihohi su bar wa uwa dala 100 idan yaro ɗaya ne, ko 200 idan biyu ne zuwa sama, kuma Colorado tun 2017 take miƙa kuɗin wata gaba ɗaya ga iyali. A inda ba a yin haka, uba na ganin guminsa na shiga aljihun hukuma, sai ya gwammace ya miƙa wa uwar a ɓoye, abin da kan jefa ta cikin zargin ɓoye kuɗin shiga. Ga matar da ta gudo daga miji mai duka, tilasta mata bin sawunsa haɗari ne ga rayuwarta. Akwai damar neman a ɗage mata wannan sharaɗi, amma sai ta san da shi ta kuma furta abin da ya faru ga baƙon jami'i.

Sa'o'in aiki su ne zuciyar lamarin. Uwa ko uba mai riƙon yara shi kaɗai: sa'a 30 a mako. Idan akwai yaro ƙasa da shekara 6: sa'a 20. Gida mai uwa da uba: sa'a 35 a tsakaninsu, ko 55 idan tarayya ce ke biyan kuɗin renon yaransu. Jiha na iya ɗage wa mai jego sharaɗin har jariri ya shekara, amma wata 12 kacal za a cire ta daga lissafi a tsawon rayuwarta, kuma jihohi da yawa watanni uku suke bayarwa.

Ayyuka 12 ne doka ta amince a ƙidaya, tara manya, uku ƙanana. Manyan sun haɗa da aikin albashi, aikin da gwamnati ke biyan wani ɓangare na albashinsa, aikin samun gogewa ba albashi, hidimar al'umma, neman aiki, da koyon sana'a. Ƙananan su ne irin karatun kammala sakandare ga babba da horon ƙwarewa. Daga cikin sa'a 30 ɗin, 20 na farko dole su fito daga manyan. Ma'ana matar da ta haura shekara 20 kuma ba ta gama sakandare ba, ba za a ƙidaya mata karatunta ba sai ta fara cika sa'a 20 a wani aikin, alhali rashin takardar sakandaren shi ne babban abin da ke hana ta aiki mai albashin kirki. Koyon sana'a wata 12 ne kawai ake ƙidayawa a rayuwa, kuma kwas ɗin jinya ko na fasaha a kwalejin al'umma yakan ci shekara biyu. Neman aiki mako 6 ne a shekara, ko 12 a jihar da ke cikin matsin tattalin arziki, kuma ba fiye da mako 4 a jere ba. Jinyar shaye-shaye da ta taɓin hankali duk a cikin waɗannan makonni ake cusa su. Duk wanda ya san jinyar shaye-shaye ya san mako shida ba ya warkar da kowa.

Aikin da ba albashi yana da nasa lissafin, domin dokar mafi ƙarancin albashi ta shafe shi. Ana haɗa tallafin kuɗi da na abinci, a raba da mafi ƙarancin albashi na sa'a, wanda a matakin tarayya yake dala 7.25 tun 2009. A ɗauka iyali na samun dala 260 na kuɗi da dala 600 na abinci. Jimilla 860, a raba da 7.25, ya ba da sa'a 118 a wata. Ba za a sa ta aikin kyauta fiye da haka ba. A Wisconsin, mai aikin hidimar al'umma tana karɓar dala 653 a wata ko yaranta nawa ne, kuma duk sa'ar da ta yi fashi ba uzuri ana zabtare dala 5.

Fashi shi ne inda yawancin fayiloli ke mutuwa. Uzurin da tarayya ke ƙidayawa, ban da ranakun hutu 10, sa'a 80 ne a shekara, kuma ba fiye da 16 a wata ɗaya ba. Yaro ya kwana uku da zazzaɓi, gidan reno ya ce ba zai karɓe shi ba, uzurin watan ya ƙare. Motar haya a garuruwan karkara na Amurka kusan babu ita, tsohuwar mota ta lalace, mako ya tafi. Hukuncin yakan fara da rage wani kaso, amma mafi yawan jihohi suna kaiwa ga yanke wa iyalin gaba ɗaya, har da rabon yaran da ba su san hawa ba su san sauka ba. Doka ta hana hukunta mai riƙon yaro ƙasa da shekara 6 idan ta nuna ba ta samu mai reno ba. Bincike a jihohi daban-daban ya nuna waɗanda aka fi hukuntawa su ne masu rashin lafiya, masu ƙarancin karatu, marasa mota, da masu kula da yaro mai naƙasa, wato waɗanda suka fi kowa buƙata. Gwaje-gwajen da aka yi wa jami'an walwala sun kuma nuna an fi saurin hukunta baƙar fata kan laifi iri ɗaya.

A kan duk wannan akwai agogo. Kuɗin tarayya ba sa biyan iyalin da babba a cikinsa ya karɓa na wata 60 a tsawon rayuwa, ko a jere ko a rarrabe, sai kashi 20 na masu karɓa da jiha za ta iya keɓewa saboda tsananin hali. Jihohi na da ikon rage wa'adin: Jojiya da Fulorida wata 48, Kansas 24, Arizona ta sauko har wata 12 a 2016. New York ta bambanta, domin kundin tsarin mulkinta tun 1938 ya wajabta kula da mabuƙata, don haka bayan wata 60 iyali na komawa wani shiri da jiha da ƙananan hukumomi ke biya.

Nawa ake bayarwa bayan duk wannan wahala? Layin talauci na tarayya ga iyali mai mutum uku a 2024 shi ne dala 25,820 a shekara, kimanin 2,150 a wata. Arkansas na biyan irin wannan iyali dala 204 a wata. Mississippi ta shafe shekaru fiye da 20 tana biyan 170 kafin ta ƙara zuwa 260 a 2021. Jihar da take tsakiya tana biyan dala 500 da ɗoriya. New Hampshire, wadda ta fi kowa, ta ɗaure nata a kashi 60 na layin talauci. Wanda ya canza dala 260 zuwa naira ko sefa zai ga kuɗi ne, amma a can bai kai rabin hayar ɗaki mai arha ba.

Ma'aunin da ya karkace

Tarayya ba ta tambayar jiha iyalai nawa suka fita daga talauci. Abin da take aunawa shi ne kaso nawa na masu karɓa suka cika sa'o'insu a wata: kashi 50 na dukkan iyalai, kashi 90 na masu uwa da uba. Jihar da ta gaza za a yanke mata har kashi 5 na kasonta a shekarar farko, ana ƙara maki 2 duk shekara, har zuwa 21. Kuma ƙidayar ko duka ko babu ce: matar da ta yi sa'a 29 a mako daidai take a takarda da wadda ba ta fita daga gida ba.

Sai kuma rangwamen raguwar masu karɓa. Duk kashi ɗaya da jerin masu karɓa ya ragu daga shekarar da aka ɗauka ma'auni, ana sauke wa jiha maki ɗaya daga 50 ɗin. Jihar da take da iyalai 50,000 a shekarar ma'aunin ta koma 30,000 ta ragu da kashi 40, don haka abin da ake nema daga gare ta kashi 10 ne kawai. Jihohi da dama sun sauko har sifili. Doka ta ce kada a ƙidaya raguwar da ta samo asali daga sauya ƙa'idar cancanta, amma tsaurara ƙofar shiga da yawan takardu da zama bayan zama ba su da sauƙin kamawa a lissafi. Matar da ta samu aiki mai kyau ta fita, da wadda ta gaji da sintiri ta haƙura, duk lamba ɗaya suke ba jiha.

Jami'in da ke riƙe da fayil ya san abin da wannan ke nufi. Mai lafiya, mai takardar sakandare, mai mota, ita ce ke ɗaga masa alƙaluma. Mai ciwon damuwa da yara uku ita ce ke ja masa ƙasa, kuma hanya mafi sauƙi ita ce kada ta shiga jerin tun farko. Lokacinsa kuma yana ƙarewa ne wajen tattara takardun halarta masu sa hannun mai kulawa, sa'a bayan sa'a. Wasu jihohin sun gano wata dabara, kafin a toshe ta: su riƙa tura dala 10 ko makamancin haka a wata ga iyayen da dama can suna aiki kuma suna karɓar tallafin abinci, don a ƙidaya su cikin masu karɓar TANF da ke aiki.

Alƙaluman da suka biyo baya sun nuna inda aka dosa. A 1996, cikin kowane iyalai 100 matalauta masu yara, 68 na samun tallafin kuɗi. Zuwa 2020 sun koma 21, a Texas da Louisiana da Arkansas kuwa wajen 4. Iyalan da ke karɓa yanzu kimanin miliyan 1 ne, kuma kusan rabinsu fayil ne na yara kaɗai, inda kaka ke riƙon jika ko iyayen ba su cancanta ba. A Mississippi, a 2016 ƙasa da kashi 2 cikin 100 na masu nema aka amince wa. A wannan jihar ce kuma mai binciken kuɗi na jiha, Shad White, ya bankaɗo a 2020 yadda aka karkatar da kuɗin. Bincike ya tsaya kan dala miliyan 77 da aka kashe ba bisa ƙa'ida ba, ciki har da miliyan 5 da suka tafi ginin filin wasan ƙwallon raga a wata jami'ar jihar. Tsohon shugaban hukumar walwala, John Davis, ya amsa laifinsa a 2022. Sata laifi ce a ko'ina, amma faɗin manufofin nan huɗu da raunin sa ido ne suka bar ƙofar a buɗe shekara da shekaru.

Shin sharaɗin aiki ya yi amfani?

Adalci ne a faɗi abin da masu goyon bayan dokar ke kafa hujja da shi, domin gaskiya ne: a ƙarshen shekarun 1990 yawan matan da ke riƙon yara su kaɗai kuma suke aiki ya ƙaru sosai, talaucin yara ya ragu. Sai dai abubuwa uku ne suka haɗu a lokacin. Tattalin arziki ya bunƙasa har rashin aiki ya sauko kusan kashi 4 a 2000. An faɗaɗa rangwamen harajin ma'aikata masu ƙaramin albashi, EITC, a 1993, wanda ke ƙara wa mai yara biyu santi 40 kan kowace dala ta farkon albashinta. A 2024 yana kaiwa dala 6,960 ga mai yara biyu, 7,830 ga mai uku zuwa sama. Sannan ga sabuwar dokar. Masana tattalin arziki da suka rarrabe tasirin kowanne sun fi ba wa biyun farko kaso mai tsoka, kuma bayan 2000 ci gaban ya tsaya ya fara komawa baya.

Gwaje-gwajen da cibiyar bincike ta MDRC ta gudanar sun ƙara haske. A gundumar Riverside ta Kalifoniya, tsarin tura mutane su kama duk aikin da ya samu ya ɗaga samun aiki a shekaru biyun farko, shi ya sa 'yan siyasa suka rungume shi. Bayan shekara biyar tazarar da ke tsakanin waɗanda aka tilasta wa da waɗanda ba a tilasta wa ba ta kusa shafewa, kuma abin da iyalai suka samu a albashi sun rasa kwatankwacinsa a tallafi. Portland ta jihar Oregon, wadda ta haɗa horo da neman aiki ta kuma bar mutane su jira aiki mai ɗan kyau, ita ta fi samar da ƙarin albashi mai ɗorewa. Dokar tarayya ta fi karkata ga salon Riverside.

Lissafi mai sauƙi ma yana nuna iyakar abin. Sa'a 30 a mako kan dala 7.25 ya kama kusan dala 940 a wata, ƙasa da rabin layin talauci na mutum uku. A jihohin da tallafinsu ke ƙasa, wannan albashin ya isa a rufe fayil da zarar watannin sassaucin da ake ba wadda ta fara aiki sun ƙare.

Gwaji mafi tsanani ya zo da karyewar tattalin arziki na 2008. Masu karɓar tallafin abinci sun tashi daga kusan miliyan 26 a 2007 zuwa miliyan 47 a 2013, saboda kuɗinsa na bin buƙata. TANF ya ɗan motsa kaɗan, a wasu jihohi ma raguwa ya yi ana tsakiyar rashin aiki. Abin da ya yi kyau a lokacin shi ne asusun gaggawa na dala biliyan 5 da aka kafa a 2009, wanda jihohi suka yi amfani da wani ɓangarensa suka biya albashin mutum wajen 260,000 a ayyuka na gaske. Asusun ya ƙare ranar 30 ga Satumba 2010, majalisa ba ta sabunta shi ba. A ganina wannan ne mafi kyawun abin da aka taɓa yi da sunan TANF, domin ya ba mutane aikin da ake ta nema su yi.

Ga Hausawa mazauna Amurka, irin 'yan Gana da Nijar da Nijeriya da ke unguwar Bronx ta New York, dokar 1996 ta zo da ƙarin shinge. Mai takardar zama ta dindindin da ya shigo bayan 22 ga Agusta 1996 ba zai ci kuɗin tarayya na TANF ba sai ya cika shekara biyar, ko da yake wasu jihohi na biya daga nasu aljihun. Bayan shekara biyar ɗin ma, ana iya lissafa kuɗin shigar wanda ya tsaya masa ya shigo kamar nasa ne. 'Yan gudun hijira da waɗanda aka ba mafaka ba su cikin wannan jira. Mara takarda ba ya samu, amma ɗansa da aka haifa a can ɗan ƙasa ne, ana iya buɗe masa fayil na yaro kaɗai. Tallafin tsabar kuɗi yana cikin abubuwan da hukumar shige da fice ke dubawa wajen yanke ko mai neman takardar zama zai zama nauyi ga gwamnati, kuma ƙa'idar na sauyawa da sauyin gwamnati, don haka wanda takardunsa ke kan hanya ya fara ganin lauyan shige da fice kafin ya cike fom.

Tun 2010 majalisa ba ta sake zama ta sabunta dokar gaba ɗaya ba, sai ƙarin wa'adi na watanni. Babban gyaran da aka yi ya shigo ne cikin yarjejeniyar iyakar bashin gwamnatin tarayya ta 2023. Ta mayar da shekarar ma'auni daga 2005 zuwa 2015, abin da ke rage wa jihohi da yawa rangwamensu daga Oktoba 2025, ta hana ƙidaya iyalan da ake tura wa ƙasa da dala 35 a wata ta waccan dabara, ta wajabta wa jihohi kawo rahoton aiki da albashin waɗanda suka bar shirin, ta kuma ba da damar jihohi biyar su gwada a auna su da sakamako maimakon sa'o'i. Dala biliyan 16.5 ɗin da manufofin nan huɗu ba a taɓa su ba.